Hannayen Abdul-Jalil

Abin da na rasa a wannan lamari shi ne ikon tukunya a gidan ɗana, da girman da nake taƙama da shi a gaban yarinyar da na girmi uwarta. Abin da na samu kuwa, ɗan nawa yana nan, aurensa yana nan, hannayensa sun warke. Shekara talatin na yi ina sayar da atamfa a kasuwar Funtuwa, ba a taɓa kayar da ni a ciniki ba sai a Doha, a wani ɗan ɗakin haya.

Sunana Larai. Maigidana Malam Masahudu ya rasu Abdul-Jalil yana aji uku a firamare. Shi ne autana, shi kaɗai ne namiji, yayyensa duk suna ɗakunan mazajensu. Ni na ci da shi, ni na yi masa makaranta, manema uku na kora saboda kada wani ƙato ya ɗaga masa murya. Da ya girma ya shiga harkar fim, wani kamfani ya ɗauko shi Qatar. Yau ya fito a direba, gobe a ɗan kasuwa, jibi a tallan shinkafa, da Larabcinsa da Turancinsa. Da ya zauna da ƙafafunsa ya yi mini biza, ya kawo ni gidansa a unguwar Mesaimeer ta Doha.

Abu biyu na tarar waɗanda ban yi shirinsu ba. Na farko kwale-kwale. Ashe bayan fim yaron nan ya ɗauki tuƙin dogon zango, irin wanda mutum ɗaya zai zauna a wani siririn jirgi kamar ɓawon rake, da filafili biyu, ya wuni yana ja a kan teku. Na biyu Alimatu, matarsa, 'yar zangon Kumasi, wadda ke yi wa 'yan fim kwalliya. An ɗaura auren ina Funtuwa, na kuma sa albarka ta waya, amma a waya ba a ganin yadda mace ke kallon miji da yadda shi yake kallonta.

Ba zan yi mata ƙarya ba, yarinyar ba ta taɓa yi mini rashin kunya ba. Har ƙasa take gaishe ni, Mma kaza Mma kaza, da Hausarta ta zango da ba ta raba mace da namiji. Wannan ladabin ne ma ya fi ba ni haushi, don ban samu inda zan kama ba. Idan na tuƙa tuwo da miyar kuka, sai ya ci loma biyar ya ce yana da tirenin, wato atisayen tuƙi, Alimatu ta auna masa abin da zai ci. Da yamma idan mun je Corniche, bakin teku, shan iska, su biyu suna gaba suna maganar iska da igiyar ruwa, ni ina baya kamar mai riƙe musu jaka. Na tambaye shi me ya sa masu tuƙin nan ke juya wa inda za su baya. Ya yi dariya ya ce haka abin yake, mai tuƙi gabansa yana kallon jirgin rakiya da ke biye da shi. Na ce wa ke zama a jirgin rakiyar? Ya ce mutum ɗaya ake ba kowa daga iyalinsa, Alimatu ce ke zama. Wato awa goma yana kallon fuskarta. Maganar ta zauna mini a ƙirji.

Saura sati uku babbar gasar da ya shekara yana shiri, wata safiya na fito falo na tarar da shi ya baje tafukan hannu a kan cinyarta, tana shafa masa lalle. Lalle, kamar amaryar da za a kai gobe.

"Auta, me nake gani?"

Ya ce in kwantar da hankalina, lallen yana busar da fata ne, yana sa kantar tafin hannu ta yi tauri, kuma in zai shiga kamara Alimatu tana rufe jan da hoda. Na kamo hannun na juya. Tafin nan da na raina ya zama kamar bayan kunkuru, kanta jere a gindin kowane yatsa. Ga shi ya faɗa mini cewa bayan gasa da kwana huɗu zai fito a matsayin babban likita a wani fim mai dogon zango, matsayi mafi girma da ya taɓa samu. Na ce wane likita ne da hannun mai faskare? Alimatu ta ce a hankali, kantar nan wata shida aka yi ana tara ta, ita ce takalmin hannunsa.

Ita za ta koya mini hannun ɗana! A nan na faɗi maganar da uwa ba ta faɗa da wasa. Na ce daga yau hannayen nan nawa ne, kujerar jirgin rakiya tawa ce, kuma in lallenta ya sake taɓa shi, ban yafe nonon da ya sha ba.

Ya dube ni, ya dube ta, ya sunkuyar da kai. Ita ta tashi ta wanke kwanon lallen, ta kife shi. Da la'asar ta durƙusa ta ce mini za ta je gidan yayanta Abdul-Ganiyu a unguwar Fereej Abdel Aziz ta kwana biyu, don kada zamanta ya jawo wa mijinta fushin uwa. Na ce ta gaishe su. Ta bar wata takarda a jikin firij, ta rubuta abin da za a ba shi a kan ruwa da lokacinsa. Karatuna na boko bai kai ga ƙananan rubutu irin nata ba, kuma ko ya kai ba zan karanta ba. Na cire na sa a shara.

Sati ukun nan na ji daɗinsu, ba zan ɓoye ba. Kullum bayan sallar la'asar in ɗora ruwan ɗumi, in jiƙa hannayen, in ɗauko dutsen goge kaushi in bi kantar nan ɗaya bayan ɗaya, in shafe da man kaɗen da na zo da shi daga gida. Sau biyu ya buɗe baki ya ce, "Inna, da kin bar ta gindin yatsun nan," na ce ko Alimatu ce ta aiko shi? Ya sake miƙo mini hannun. Lokacin rage tuƙi ne kafin gasa, ba ya shiga ruwa sosai, don haka ba wanda ya ga illar. Hannu ya yi laushi kamar na jariri. Ina jin shi yana waya da ita a baranda, murya ƙasa-ƙasa, in ƙwala masa kira in ce ya zo ya ɗauko mini abu a saman kabad.

Ranar gasa bayan asuba muka isa bakin ruwa. Na ci ado da leshi, na riƙo kular fura da dambun nama. Aka ɗaura mini rigar iska mai hana nutsewa, matuƙin jirgin rakiya ya ce yalla, wato mu je, muka bi bayan Abdul-Jalil. Ga ɗana yana fuskantata, yana ja, yana murmushi, dogayen benayen Doha suna ƙanƙancewa. Na ce a raina, yau dai ni ake kallo.

Kafin azahar murmushin ya ɗauke. Matuƙin ya yi ta nuna mini agogo yana nuna baki, wai lokacin ba shi abu ya yi. Na miƙa fura a sandar da ake miƙa kaya, ya kurɓa, ba a jima ba ya amayar. Ya tambayi ruwan gishirin da Alimatu ke haɗawa, na ce ban san shi ba. Sai na lura mariƙin filafilin ya canza launi. Na ɗauka tsatsa ce. Da jirginmu ya matsa na ga jini ne, yana bin tsintsiyar hannunsa yana ɗiga a gwiwa. Fatar da na yi sati uku ina gyarawa ta yi bororo, bororon ya fashe, ruwan teku yana shiga. Duk ja ɗaya sai ya cije leɓe, kuma ba inda zai kai idonsa sai kaina. Kujerar da na yi yaƙi a kanta, da akwai hanyar sauka da na sauka.

Na ce ya tsaya, ya ƙi. Ya ƙara awa biyu a haka, jirage suna wuce shi ɗaya bayan ɗaya. A awa ta bakwai filafilin hagu ya suɓuce, ya kasa kamo shi. Da aka ɗago shi cikin jirginmu yatsun sun ƙi buɗewa. Bai ce mini komai ba sai, "Inna, sori, ban kai ba."

Likitar da ta naɗa masa bandeji 'yar Zariya ce. Ta tambaya da Hausa, wane ne ya kankare wa mai tuƙi kanta ana jibi gasa? Abdul-Jalil ya ce shi ne. Ta ce sati uku ba zai taɓa ruwa ba. Daraktan fim ya zo gida ya duba shi, ya ga hannaye biyu kamar ƙunshin dawo, ya ce khalas, shi ke nan, ba za su iya jira ba. Matsayin likitan da na gyara hannun dominsa, wani aka ba.

Na ce ba komai, ni zan yi jinyar ɗana. Na ba shi abinci a baki, na riƙe masa kofi. Amma washegari da safe ya shiga banɗaki, na ji shiru ya yi yawa. Na tsaya a bakin ƙofa na ce ko in shigo? Ya ce a'a, da wata murya da ban taɓa ji ba. Mutum mai shekara talatin da biyu, ba ya iya kwance tazugensa, ba ya iya tsarki, ba ya iya wanka. Akwai abin da na yi masa yana cikin zanen goyo wanda yanzu duk duniya mace ɗaya ce ke da halin yi masa, kuma ni na kore ta. Na ji shi yana kuka ta bayan ƙofa, ni ma na zauna a ƙasa ina yi.

Ko karyawa ban yi ba na ɗauki mayafi na shiga tasi. Gidan Abdul-Ganiyu ɗaki ɗaya ne a saman wani shagon gyaran waya, an raba shi da labule. Ya tarbe ni da mutunci, ya ba ni kujera, ya tsaya a bakin ƙofa. Alimatu ta fito ta gaishe ni, idanunta sun kumbura, ashe sun san juna da likitar, ta riga ta faɗa mata komai. Ban saba roƙo ba, don haka na fara yadda na iya. Na ce mijinta yana buƙatarta, ta dawo, na bar mata kujerar jirgi, amma girki kwana huɗu nawa, uku nata.

Ta ce, "Mma, albarka."

Na dube ta da kyau. Kalmar da na yi shekara talatin ina faɗa wa masu taya kaya da arha. Na sauko uku. Ta ce mai tuƙi cikinsa ba ya son hannu biyu. Na ce biyu, kuma ni zan riƙa yi masa yaji. Yayan nata ya juya baya yana tari, na san dariya yake ɓoyewa. Ta ce yaji ta yarda, amma kwana ɗaya, Juma'a, in dafa duk abin da raina ke so, a ci a ɗakina a kwano ɗaya, har da ita. Na miƙe kamar zan tafi, yadda ake yi a kasuwa don a kira ka. Har na kai bakin matakala ba ta kira ni ba. Na dawo da ƙafata na zauna.

Sai ta matso ta riƙe gefen mayafina, hawaye suna zuba.

"Mma, girki ba shi ne damuwata ba, ko bakwai ɗin ki ɗauka in zai iya ci. Maganar nonon nan ce. Ya san abin da dutsen nan zai yi masa, ya miƙa hannu saboda tsoron bakinki. In ba ki janye ba, ni ba zan iya taɓa shi ba, shi ma ba zai yarda in taɓa ba. Ki faɗa a gabansa, da bakinki."

Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Sati uku tana ɗakin labule, ba ta kai ƙarata wurin kowa ba, ba ta ce ya zaɓa tsakaninmu ba, ni kuwa na sa shi ya zaɓa, ya biya da naman hannunsa. Ku 'yan mata masu karanta wannan, haƙurin Alimatu ne ya mayar da ita ɗakinta da daraja fiye da wadda ta fita da ita. Ku kuma iyaye irina, kishin uwa kishi ne ko da an kira shi kulawa, kuma ɗan da ake faɗan a kansa shi ke jin ciwon.

Tare muka koma Mesaimeer, Abdul-Ganiyu ya raka mu don ya zama shaida. Muka tarar da Abdul-Jalil zaune a bakin gado da kayan jiya. Na tsaya a gabansa, yayan matarsa yana ji, na ce na janye, na yafe duniya da lahira, shi ma ya yafe mini. Alimatu ta kama shi ta gwiwar hannu suka shiga ciki, ta rufe ƙofa, ni kuma na tafi kicin na ɗora musu ruwan zafi.

Na taya kwana huɗu, na tashi da ɗaya. Juma'a, kwano ɗaya, mu uku, da neman gafara a gaban baƙo. A haka na sallama.