Bushiya Mai Gadin Akwati

Bayan isha'i Auta ta ji wani sauti daga ɗakin Baba, kamar ana hura bakin kwalba, kamar kuma tsohuwar ƙofa na nishi...

Ta san sautin. Ajiyar zuciyar bushiya ce, wadda masoyinta ya haɗa da tsumma da tsinken sakace, yake ɗaukarta hoto ɗaya bayan ɗaya har ta yi motsi a fim.

Gwaggo ce ta kai ƙara, wai gardi da gemunsa yana wasan 'yartsana, alhali ga ɗanta mai shagon taya yana jira. Baba dai ya karɓi wayar saurayin, ya ce zai ga aikin da idonsa, da safe a zo a ji amsa.

Auta ta leƙa ta labule.

Fim ɗin minti huɗu ne. Bushiya ce a tsaye tana gadin wani akwati a kulle. Da safe ta sara masa, da yamma ta goge shi. Ba ta taɓa ganin cikinsa ba, ɓarawo ma bai taɓa zuwa ba. Ƙayoyinta suka yi ta zubewa ɗaya ɗaya. Ƙarshe aka ba ta agogon bango, aka ce ta tafi gida.

Baba ya sake kunnawa. Sau biyar Auta ta ƙirga. Shekara talatin da ɗaya ya yi yana gadin ƙofar wani sito, bai taɓa ba su labarin wurin ba.

Da safe mai fim ya zo ya durƙusa a tsakar gida, rigarsa har da karin guga. Ya saci kallon Auta, ya ce ƙasa-ƙasa, "Rayuwata, ya ake ciki?"

Ta girgiza kai, idonta ya ciko.

Baba ya daɗe yana juya wayar a hannu. Ya tambaye shi ko ya taɓa aikin gadi, ya ce a'a.

"To ka turo manyanka," in ji Baba. "Amma da sharaɗi."

Gwaggo ta gyara zama.

"Ka yi wa bushiyar nan, baiwar Allah, kujera. Tsayuwar ta yi yawa..."

Auta ta rufe fuska da mayafi, dariya da kuka suka haɗe mata.

Maƙwabciyarsu da ta shigo aron rariya ta karɓi wayar, ta kalla har ƙarshe tana yamutsa fuska.

"Ni fa ban gane ba," ta ce. "Wai me ke cikin akwatin ne?"