Surukin Da Bai Kawo Nama Ba

Ranar da Bappa ya fara shiga ofishinsu a jami'ar Samaru, Zubaidatu ba ta ji sallamarsa ba. Tana ta dukan tafireta, shi kuma muryarsa kamar ta mai gudun tayar da jariri. Sai da Bibiana, abokiyar aikinta, ta zungure ta, sannan ta ɗago ta ga dogon saurayi cikin kaki, hula a hannu, rana ta gasa shi ya yi baƙi wuluk.

"Malam, ɗaga murya mana. Ba a karɓar haraji a kan magana."

Ya yi murmushi. "Ki yi haƙuri, aiki ne ya ɓata ni. Daga gandun Yankari nake. Ni ke raka baƙi a mota su kalli namun daji. A can, wanda ya ɗaga murya ya kori abin da aka zo gani."

Shekarar da aka yanke Jihar Bauchi ke nan. Ya zo ne a tsayar da ranar da ɗalibai masu karatun dabbobi za su je gandun. Aikin rabin wuni ne, amma Bappa ya ja shi har mako, kullum da sabuwar tambayar da ba wanda zai iya amsa ta sai mai buga tafireta.

"Zubai," in ji Bibiana da Hausarta ta Sabon Gari, "wannan mutum ba takarda shina nema ba. Ke shina nema."

Zubaidatu irin mutanen nan ce da ba su iya zama wuri ɗaya. Tana cin abinci tana kaɗa ƙafa, tana magana tana gyara ɗankwali. Amma in Bappa ya samu hutu ya zo zance ƙofar gidansu a Jushi, ya fara ba ta labarin yadda gwaggon biri ke satar burodin baƙi, ko yadda ɓauna ke tsayawa ta ƙura wa mota ido, sai ƙafar ta tsaya cak ba ta sani ba.

"Barewata," yake ce mata.

"Kai komai naka dabba ne. Ba ka da wani suna?"

"Da akwai dorina, in kin fi so."

"Allah ya shirye ka, Ɗan daji."

Ta so shi, so mai hana sukuni. Abu ɗaya take tsoro, shi ne mahaifinta.

Sunansa Ɗanmalam, amma maharbi ne gaba da baya. Ƙafa ta gaji, ya koma sayar da saiwoyi da sassaƙe a kasuwar Sabon Gari, bindigarsa harba-ruga na rataye a ɗaki yana shafa mata mai kamar jaririya. Ranar da Bappa ya durƙusa gaishe shi a zaure, Zubaidatu na laɓe a bayan zana.

"Wato kai sai ka ga gwanki, ka nuna ma Bature da yatsa, ku juyo gida?"

"Haka ne, Baba."

"Ba harbi?"

"Ko tsuntsu, Baba. Rantsuwa muka yi."

"Ikon Allah. Makiyayin namun dawa ke nan." Tsohon ya gyara zama. "To, yaro, ban ƙi ka ba. Amma gidan nan tun kakanni ba a ba da 'ya sai an ci naman hannun mai nemanta. Naman daji, wanda ya kayar da kanshi. Na ba ka daga nan zuwa ruwan fari. In ruwa ya sauka babu nama, akwai mai jira."

Mai jiran Umaru ne, mai shagon kayan keke a unguwar PZ. Kafin mako ya zagayo ya aiko da cinyar gada. Duk Jushi an san Umaru ko ƙadangare bai taɓa jifa ba, an kuma san rumfar da ake sayar da irin wannan cinyar, amma nama dai ya shigo gida. Mahaifiyarta, Inna Kaltume, ta dafa. Zubaidatu ta ci tuwonta gaya.

Washegari da la'asar ta tare Bappa a bakin tasha, kafin ya hau motar komawa.

"Gada ɗaya, Bappa. Ƙarama. Dajin nan cike yake, wa zai ƙirga?"

"Ni zan ƙirga, Zubai."

"To ka je wani dajin ka harbo!"

"Da safe in ce wa baƙi ga amanar da nake tsaro, da yamma in ɗauki bindiga? Hannun da na rantse da shi ɗaya ne, ko a wane daji."

"Ashe gada ta fi ni."

"Barewata..."

"Kada ka ƙara kira na da sunan abin da ka fi so a kaina!"

Ta juya ta tafi, tana jira ya biyo ta. Bai biyo ta ba. Motar ta tashi da shi.

Daga ranar Zubaidatu ta rasa inda za ta sa kanta. Bazara ta kankama, zafi ya sa kowa na roƙon ruwa, ita kaɗai a duk Zariya take roƙon Allah ya jinkirta shi. In ta fito daga ofis sai ta ɗaga kai ta duba gabas. Takarda ɗaya sai ta buga ta, ta yage, ta sake bugawa, har Bibiana ta fara karɓe mata aiki a ɓoye. Tana fushi da shi, tana kewarsa, tana kuma jin kunyar abin da ta nema daga gare shi, don ta san da ya ce to, da ya rage girma a idonta.

Wata Lahadi tana tsince shinkafa, rediyon Inna na kan turmi, sai mai filin zaɓi-sonka ya karanto:

"Daga Bappa na Yankari zuwa ga wata mai buga tafireta a Samaru. Ya ce a gaya mata ya iya jiran dabba wuni guda bai motsa ba, amma jiranta ya gagare shi. Ya ce ta yi haƙuri, yana tafe, kuma bai sake mata suna ba."

Faifan shinkafar ya kife, kaji suka samu rabonsu. Inna ta yi kamar ba ta ji ba.

Ya zo kuwa, amma wurin Baba ya zo. "Baba, ina roƙon ka bi ni dajin, ka ga namun da idonka. Abin da ka yanke bayan nan, na karɓa."

Ɗanmalam ya ɗauka an ce ya je ya zaɓi wanda za a kayar masa. Ya saɓa harba-ruga, ya ɗaura warki a ƙarƙashin riga, suka kama hanyar Bauchi.

Kwanakin da suka yi, Zubaidatu ba ta san ɗanɗanon abinci ba. In Bappa ya yi harbi, ta jawo masa karya rantsuwa da rasa aiki. In bai yi ba, Umaru na nan da kekunansa. Ta share tsakar gida, ta sake sharewa. Ranar da ake sa ran dawowarsu hadari ya haɗo ta wajen Basawa, baƙi ƙirin, iska ta fara kaɗa shanya.

Yayyafi ya fara ke nan Ɗanmalam ya yi sallama. Shi kaɗai, ba ƙunshi, ba ƙanshin nama. Zubaidatu ta kawo masa ruwa. Ya zauna a rumfa, ya sha.

"Malam, lafiya?" in ji Inna.

"Kaltume, na yi abin kunya a ƙasan mutane." Ya ajiye kwanon. "Tun a ƙofan daji suka karɓe mini bindiga, kamar an cire mini hannu. Aka ɗora mu a buɗaɗɗen mota, da Turawa, da wasu 'yan Ikko da matansu. Yaron nan ya ce kowa ya kama bakinshi. Muka ga gwanki. Muka ga ɓauna garke guda, suna kallonmu kamar shanun Fulani, yatsana sai ƙaiƙayi yake. Da muka gangara rafi direba ya kashe mota, sai ga giwaye. Uwa a gaba da ɗanta. Rabona da giwa tun ubana na da rai. Kin san mu, ba mu ganin giwa mu wuce ta kamar jaki, sai mun mata kirari. Wallahi ban san sanda na miƙe ba. Na ce, 'Giwa uwar dawa! Mai taka ƙasa ta amsa! Karya itace ba ki tambayan mai shi! Ɗanki ma ya fi ƙarfin igiya!'"

"Innalillahi," in ji Inna. Zubaidatu ta dafe ƙirji.

"Ta baza kunnuwa, ta yi kururuwa, ta yo kanmu. Matan Ikko suka shige ƙarƙashin benci. Na kai hannu kafaɗa, babu komai. Na san kunnen giwa, na san gargaɗi take yi, amma sani daban, tsayuwa daban. Mu ko a zamanin ubana, da bindiga muke tsaya mata, da iccen hawa a bayanmu. Yaron nan ya ja ni baya, ya shiga gabana a bakin motan. Hannu ɗaya ya ɗaga, shina mata magana a hankali kamar mai lallashin amarya. Har warinta na ji. Ta ci birki, ta watso mana ƙasa, ta juya ta tura ɗanta gaba."

"Bai ji ciwo ba, Baba?" Maganar ta kuɓuce wa Zubaidatu, kunya ta tafi hutu.

"Ƙalau yake, shina zaure. Ni na jira ya wanke ni tas a gaban baƙi, don na cancanta. Sai ya juyo ya ce, 'Baba, ta amsa kirarinka.' Ya fassara ma Turawa, suka yi ta miƙo mini hannu kamar na yi abin kirki. Sai da muka keɓe ya ce, 'Baba, gobe a zuci za ka yi mata.'"

Inna ta ƙunshe dariya. "To, naman fa, Malam? Ga ruwa ya sauko."

"Ke ma dai. Don yunwa kakanninmu suka sa nama? So suke su ga ko mutum na iya tsayawa a gaban abin tsoro, don ran da zai tsaya ma 'yarsu. Ni a gabana aka tsaya, kuma aka rufa mini asiri. A ba Umaru haƙuri." Ya dubi 'yarsa. "Ke kuma kin tsaya kallona? Baƙo na zaure ba ruwan sha."

Ta shiga zauren da moɗa a hannu, rabin ruwan ya zube a hanya.

"Na faɗa maka magana marar daɗi a tasha," ta ce, kanta a ƙasa.

"Na bar ta a tashar, Barewata."

"Da giwar ba ta tsaya ba fa?"

"Da kin auri mai keke."

Ta yi dariya, hawaye na zuba, ruwa na dukan kwanon rufi.

Bayan kaka aka ɗaura aure a Jushi. Tsofaffin maharba, abokan Ɗanmalam, suka zo da gangunansu, wani ya tambaya da ƙarfi ina naman ango. Ɗanmalam ya ce yana can bakin rafi yana shayar da ɗansa, mai so ya je ya gani.

Da aka zo tafiya da amarya, ya dafa kanta ya ce, "Allah ya yi miki albarka, ya ba ku zaman lafiya da zuri'a ta gari." Sannan ya ja angon gefe, ya rage murya.

"In kun kintsa, ka sama mini wuri a motan nan. Ban gama kallon ɗan giwan ba."

"Wurinka na nan, Baba."

"Zan yi shiru," in ji tsohon. "In Allah ya yarda."