Tsiren Kazar da Yagana Ta Aika Gidan Alƙali

"Ke Yagana! Wannan hayaƙin fa? Gidan za ki ƙona mana da azumi a bakinmu?"

Inna ce ta leƙo daga ɗaki tana kore hayaƙi da gefen mayafi. Yagana na durƙushe a tsakar gida gaban murhun gawayi, mafici a hannu, gumi na bin wuyanta. Tun azahar take abu ɗaya. Ta yanka tsokar kaza siri-siri, ta jiƙa ta cikin madarar kwakwa da kurkum da citta da tafarnuwa. Ta soya gyaɗa da kanta, ta murje, ta niƙa, ta dafa ta da attaruhu da ruwan tsamiya da ɗan zuma, har mai ya taso yana ƙyalli. Yanzu gashi ya rage. Ƙamshin kuwa, an ce a ranar akwai magidantan Fagge da suka je wurin malam tambayar ko shaƙar iska na karya azumi.

Dalilin wahalar ba ɓoyayye ba ne. An yi wa Yagana baiko, kuma a unguwarsu budurwar da aka yi wa baiko takan aika abincin buɗa-baki gidan surukai a watan azumi. Saurayin shi ne Habibullah, malamin sakandare, ɗan Alƙali Hamzat mai ritaya. Gidan malamai ne tun kaka da kakanni, irin gidan da suke ganin ko zakaransu da tajwidi yake cara.

"Me ya hana ki yi sinasir da farfesu kamar 'yar kowa?" in ji Inna.

"Haba Inna, sinasir ai kowa shi zai kai! Wannan sifeshal ne. Satai sunansa, abincin mutanen Malesiya. Madam Bridget ce ta koya min."

Madam Bridget ita ce mai gidan abincin da Yagana ke aiki a Sabon Gari tun da ta gama makarantar koyon girki.

Inna ta matso, ta dubi naman da aka soke a tsinke, jere reras. Fuskarta ta canja.

"Tsire dai."

"Ba tsire ba ne, Inna, satai..."

"Nama a tsinke a kan wuta. Ni za ki gaya wa sunansa?"

Inna ta juya ta koma ɗaki. Ita Inna 'yar Malam Sabo ce, tsohon mahauci mai tukubar tsire a bayan Bata, can Sabon Gari. A gindin tukubar nan Yagana ta koyi sukar nama tun tana da wushirya, kuma ba ta taɓa sanin abin ɓoyewa ba ne. Mahaifinta, Alhaji Sammani, Babarbare ne mai shagon atamfa a Kantin Kwari, da sunansa aka san ta, da sunansa aka yi baikon. Babu wanda ya tambayi dangin uwa, Inna kuma ba ta kai kanta ba.

Abin da ya faru a gidan Alƙali daga baya Yagana ta ji shi. Ana kiran magariba aka buɗe kula, ko dabino ba a waiwaya ba. Alƙali ya ci, matarsa Hajiya Nana ta ci, amma gwarzuwar ranar ita ce Gwaggo Jawahir, ƙanwar Alƙali, wadda ta suɗe kwanon miyar gyaɗar da yatsa har ya yi ƙara. Sai da ya rage tsinke ɗaya tak ta ɗaga shi saitin fitila tana juyawa.

"Wannan sukar ba ta makaranta ba ce," ta ce. "Ku dubi yadda aka lanƙwasa naman, ba inda tsinke ya leƙo. Hannun gado ne."

Washegari ta hau adaidaita ta sauka a Fagge. Kafin la'asar ta haɗa asalin Yagana kaf, har da wanda ba a yi ba.

A al'ada kula ba ta dawowa fayau, da tukwici take dawowa: turmin atamfa, turare, ko sabulu. Don haka da aka ga Gwaggo Jawahir da kanta ta yi sallama riƙe da kula, matan maƙwabta suka cika tsakar gida don ganin arziki. Yagana ta durƙusa har ƙasa ta gaishe ta.

"Buɗe mana, 'yan nan," in ji Gwaggo tana murmushi. "Buɗe kowa ya gani."

Ta buɗe. Kular ko wanke ta ba a yi ba. A ciki tsinkayen jiya ne, an tattara an ɗaure da kyauro.

"Kayan aikinku ne, kada kakanki ya nema ya rasa. Mu gidanmu alƙalami muka gada, ba wuƙa ba. Ba za a haifa mana jika yana ƙarnin jini ba. Maganar aure, Yaya Alƙali ya ce a bar ta."

Inna, mace mai furfura, ta zube gwiwa biyu gaban Gwaggo.

"Hajiya, ki dubi girman Allah da watan nan. Ni ce 'yar mahauci, ita 'yar Alhaji Sammani ce. Yarinyar nan ba ta da laifin komai."

"Nonon fa? A shagon atamfa ta sha shi?"

Wata maƙwabciya ta yi dariya, ta yi saurin mayar da ita tari. Gwaggo ta miƙe ta gyara mayafi, har ta kai bakin zaure ta juyo.

"Amma fa miyar ta yi daɗi, ba na ƙin gaskiya. In da saura a zuba min a leda."

Yagana ba ta yi kuka ba sai da ta ga Inna ta kasa tashi, sai da ta kama bango. Daga baya Yagana ta kira Habibullah a waya tana shessheƙa.

"Habib, ka ji abin da aka yi wa Innata? A gaban mutane!"

"Na ji. Ki yi haƙuri, ki ba ni lokaci."

"Lokaci? Shi ke nan abin da za ka ce?"

"Filis, Yagana. Lokaci kawai."

Daga nan ɗif. Azumi ya wuce, Sallah ta wuce, ko saƙon barka bai turo ba. Sai labari ya zo cewa za a sa masa rana da Ikhlas, 'yar Gwaggo Jawahir. A nan masu hankali suka gane abin da ya ƙara wa idon Gwaggo kaifi a gaban fitila.

Kai ka ce an gama da ita, ashe da saura. Wata safiya sai ga Gwaggo a gidan abincin Madam Bridget, ta zo ba da odar abincin sa rana.

"Wancan tsiren nake so, mai miyar gyaɗa. Kuma waccan ce za ta gasa, ita za ta kawo, ita za ta raba wa baƙi. Kowa da abin da aka halicce shi don shi."

Madam Bridget ta ja Yagana bayan kicin. "My dear, wannan mata muguwa ce. Ki ce a'a kawai, ni zan kore ta da tsintsiya."

Yagana ta share ido da bayan hannu. "Bar shi, Madam. Aikina ne. In na ƙi, za ta ce kunyar sana'ar nake ji."

Ta gasa, ta kai, ta raba. Tana bi da faranti tsakanin mata masu leshi da gwal, ana miƙa hannu ana ɗauka ba a kallon fuskarta, sai ta ba da baya a fara raɗa. Wata ta ce, "Ita ce fa." Wata ta ce, "Allah ya rufa wa Habibu asiri, da yanzu lefe da fatar saniya za a haɗa." Hajiya Nana ta kira ta ta goge miyar da ta ɗiga a kafet, ta kuma ɗage ƙafa don kada zanin Yagana ya taɓa ta. Angon dai ba a ga ƙeyarsa ba.

Da ta fito ba ta nufi gida ba, sai bayan Bata wurin kakanta. Malam Sabo na zaune yana fifita wuta.

"A'a, amaryata! Wa ya taɓa min ke? Yau za a yi kisan kai a Sabon Gari!"

Ta buɗe baki za ta amsa, sai idonta ya faɗa kan mutumin da ke durƙushe gefen tukuba yana barbaɗa ƙuli-ƙuli. Singileti, yatsu duk ƙuna, ido jawur don hayaƙi. Habibullah ne.

"Sabon almajirina ne," in ji tsohon. "Kullum aka tashi makaranta sai ya zo. Kansa na ja a boko, amma a nama daƙiƙi ne na ƙarshe."

"Mene ne wannan, Habib?"

"Na yi musu aya, na yi hadisi, Baba ya ce ya riga ni sani, amma al'ada daban. To, tunda gidan da ke da mai tsire ba a aure a cikinsa, zan sama wa gidanmu guda."

Yagana ba ta yi murmushi ba. "A wurinka wasa ne. Gobe ka yi wanka ka koma ɗan Alƙali. Ni yau a gaban mahaifiyarka na goge ƙasa. Innata kuma tun ranar ba ta ƙara fita ko suna ba."

Ya sunkuyar da kai, ya ci gaba da barbaɗa ƙuli-ƙulinsa, kuma wannan shi ne abu mafi hankali da ya yi a shekarar.

Ranar Juma'a ana saukowa daga masallaci, aka tarar da tukuba a ƙofar gidan Alƙali Hamzat, daidai inda ake shimfiɗa buzun karatu. Habibullah na tsaye da wuƙa yana ƙwalla kira: "Tsire da zafi! Na kaza, mai miyar gyaɗa!" Ɗalibansa suka yi dafifi suna ɗauka a waya. Alƙali ya fito ya yi tsawa, ɗan ya durƙusa cikin ladabi ya ce sana'ar halal ce, ya tambaya ko akwai littafin da ya hana. Alƙali ya shiga ɗakin littattafansa, an ce har ƙura sai da ya tayar, ya fito hannu rabbana. Kafin magariba Gwaggo Jawahir ta iso ba takalmi a ƙafa ɗaya.

"'Yata ba za ta auri mai tsire ba! Wallahi ba za ta aura ba!"

Haka maganar Ikhlas ta mutu. Aka gwada wasu gidajen, kowa ya ga bidiyo, kowa ya ce 'yarsa karatu take. Da tura ta kai bango, Hajiya Nana ta aiko Fagge da saƙon da ko zuma ba a shafa masa ba: tunda yaron ya riga ya lalace, su riƙe abinsu.

Alhaji Sammani ya kira 'yarsa. "Kin ji saƙon. Kina son sa har yanzu?"

"Ina son sa, Baba. Amma ina roƙon abu ɗaya. Ka wakilta Kaka ya zama waliyyina. In suna so, wurinsa za su nema, kuma a inda yake sana'arsa."

Inna ta rufe fuska da mayafi, kafaɗunta na rawa.

Sai da Alƙali ya yi jinyar wannan sharaɗi kamar zazzaɓi, amma tukuba na nan a ƙofar gidansa, kullum ciniki na ƙaruwa. Ranar da ya gaji, mutanen Bata suka ga abin da ba su taɓa gani ba: manyan riguna da rawuna sun tsallake kwata, sun tsugunna cikin hayaƙi gaban Malam Sabo. Yagana na laɓe a shagon mai shayi tana kallo.

Tsohon bai daina fifita ba. Ya bar Alƙali ya yi dogon jawabi, hayaƙi na shiga masa ido, sannan ya ce, "Wacce yarinya? Amaryata? To, kishiya ta maza ba daɗi, amma na ba shi." Ya ajiye mafici, ya miƙa hannu, duk mai da yaji. "Sai dai ka yi haƙuri, Malam, tun asuba hannun nan yake cikin nama."

Alƙali ya dubi hannun, ya dubi farar rigarsa, ya dubi jama'a. Sannan ya miƙa nasa biyu ya kama.

An ɗaura aure bayan babbar Sallah. Kada a yi muku ƙarya, surukuwa ba ta sauko a rana ɗaya ba. An daɗe Hajiya Nana na ware wa Yagana kofinta daban, ita kuwa tana sha tana wankewa tana mayarwa, ba ta taɓa kai ƙara ba, har ranar da Hajiyar ta ji kunyar kanta ta jefa kofin cikin sauran. Inna kuma ta koma fita biki, in an tambaye ta 'yar waye, takan ce, "Malam Sabo mai tsire," da ƙarfi yadda na baya ma zai ji.

'Yan mata da samari, ku riƙe wannan: babu sana'ar halal da ke ɓata jinin mutum, kuma haƙuri ba ya nufin ka yarda a tozarta wanda ya haife ka. Yagana ta jure duk abin da aka yi mata ita kaɗai, amma ba ta shiga gidan miji ba sai da aka durƙusa wa kakanta.