Robar Hancin Preben

Ranar da aka kawo na'urar taimaka wa numfashi gidansu, Solvej ta dafa kofi, ta kunna kyandir biyu a kan tebur kamar yadda ake yi wa kowane baƙo. Nas ɗin da asibiti ya turo ya cire takalmi a bakin ƙofa, bai ko zauna ba ya sunkuya ya hure kyandir ɗin.

"Sunana Troels," ya ce. "Ki yi haƙuri, wuta da iskar oksijin ba sa zama ɗaki ɗaya."

Mahaifinta Preben, tsohon masunci wanda huhu ya gaza, ya harare shi daga kujera. "A gidana? Ko gaisawa ba mu yi ba."

Troels ya jona na'urar, ya zuba mata ruwa, ya saƙala wa tsohon roba mai baki biyu a hanci. Iska ta taho da ƙarfi, da ɗumi da laima.

"Da wannan za ka ci abinci, ka yi magana, ba a rufe maka fuska ba. Sai dai kai da lofe kun yi ban kwana."

"Magana kam za ka sha ta," in ji Preben.

Solvej kuwa hannuwan nas ɗin kawai take kallo.

Duk mako yakan zo duba na'urar. Ita kuwa a gidan burodi take aiki, takan ajiye masa burodi mai kirfa a takarda. Su tsaya a bakin ƙofa, ana yayyafi, shi yana magana, ita tana kallon ƙasa.

Preben ya fi son Esben, ɗan maƙwabcinsu mai jirgin kamun kifi. "Wannan ya san teku," yakan ce. "Wancan roba ya sani." Ranar da Esben ya zo wa tsohon da taba a aljihu, Solvej ta mayar masa da abarsa, ta rufe ƙofa a hankali.

Wata Talata sai ga wata nas daban.

"Troels ne ya nemi a sauya shi," ta ce, tana wanke hannu.

Solvej ta yi ta juya abin a ranta har mako ya fita, sannan ta tura masa saƙo: "Idan Baba ne ya ɓata maka rai, ka yi haƙuri. Idan ni ce, ka gaya min."

Amsa ta zo: "Ke ce, 'yar burodina. A aikinmu ba a neman 'yar majiyyacin da kake kula da shi. Sai da na miƙa mahaifinki ga wata na sami bakin tambayarki. Za ki zo mu taka bakin ruwa ranar Asabar?"

"Da ka faɗa tun farko."

"Da na faɗa, ai na riga na karya dokar."

Sanyi na wucewa suka tsai da ranar aure. Preben ya ji, ya ce Allah ya sa alheri, amma shi ba zai yi jawabi ba. Abin ya dami Solvej. A garinsu, bikin da uban amarya yake zaune bai buɗe jawabai ba, an san abin da gari zai ce. Ta ɗauka ƙin Troels ne.

Wata rana ta dawo aiki da wuri, ta iske mahaifinta tsaye, robar tana rataye a kujera. Yana gwada jawabin biki a gaban bango, kafin ya kai ƙarshen zance numfashi ya tsinke, leɓɓansa sun canza launi.

"Baba, mayar da ita."

"Mutanen da suka gan ni ina jan komar kifi, su gan ni da igiya a hanci kamar bijimin sa?"

Ta saƙala masa da kanta, ta jira ƙirjinsa ya lafa.

"To shi ke nan. Ni zan tashi in yi jawabin."

Ya dube ta. "Ke? Ke da ko farashin burodi da ƙyar kike faɗa?"

"Sai dai in suma a gabansu. Ka zaɓa."

Dariya ta kama shi har da tari.

A zauren bikin aka ba shi kujera kusa da soket. Da aka gama shan miya ya ƙwanƙwasa kofi da cokali, ya miƙe, robar tana hancinsa, na'urar tana huci a gefe.

"Ban so yaron nan ba," ya ce. "Har yanzu ma ina nazari. Amma 'yata da ba ta ɗaga ido, tun da ta san shi take mayar min da magana. Troels, ka riƙe ta da kyau. Allah ya ba ku zaman lafiya, ya ba ku 'ya'ya masu surutu."

Troels ya kama hannunta a ƙarƙashin tebur. "Kin ji, 'yar burodina?"

"Na ji," ta ce. "Yi shiru, bai gama ba."