Jar Saiwa a Babban Littafi

A can wani gari, akwai babban littafi da kowa ke dubawa, wata tsohuwa ke kula da shi. A ciki an rubuta: "Jar saiwa tana maganin zazzaɓi, in ji mai magani."

Rannan mai maganin ya aiko: "Na yi kuskure, saiwar guba ce."

Tsohuwa ta ɗauko alƙalami, jama'a suka tare ta.

"Iya, mai magani ne ya faɗa!"

"Ya faɗa, ya kuma janye."

"Amma a rubuce yake!"

"Da hannuna na rubuta."

Ta soke, ta ruga gidan wata mata da ta duba shafin da safe. Ta tarar ta kai ƙoƙo bakin ɗanta, ta buge ƙoƙon.

Kazar da ta sha abin da ya zube ba ta kai la'asar ba.