Shanya a Kan Tsohon Titi

Saura kaɗan in fasa rubuta wannan. Karatuna bai wuce firamare ba, kuma ni ko a gidan suna ba na iya ɗaga murya. Amma mutane suna ta ba da labarin Yaya Iliyasu yadda suka ga dama, to gara in faɗi wanda na sani. Rabinsa da idona na gani. Sauran a bakin Kamilu na ji a kotu, da bakin Saja Ja'afaru, ɗan sandan da ya bi sawunsu.

Ƙauyenmu, Unguwar Ɗinya, yana kusa da Makoda, tsakanin manyan tituna biyu. Na yamma ya bi ta Bici ya nufi Katsina, gwamnati ta sa masa A9, direbobi suna ce masa Tara. Na gabas ya bi ta Dambatta da Kazaure zuwa Daura har bakin iyaka, shi ne A2, wato Biyu. Babanmu leburan hanya ne kafin ya rasu, shi ya koya wa Yaya waɗannan lambobin tun yana yaro. Akwai kuma wani siririn titi da ya haɗa biyun, ya ratsa ta bayan gidanmu. Zamanin gyaɗa aka zuba masa kwalta saboda manyan motoci. Da gyaɗa ta mutu aka buɗe wata hanyar ta kudu, aka tuge allonsa, lambarsa ta tafi tare da allon. Muka koma ce masa tsohon titi.

Yaya ya bar gida ina ƙarama. Ya yi yaron mota, ya zama direban wani kamfani a birni. Sai shekarun tsuke bakin aljihu suka zo, kamfanin ya rufe, fari kuma ya ƙone gonakinmu. Kunya ta hana shi dawowa hannu rabbana. Ya daina aike, ya daina zuwa.

A bayan wani gareji a Kano suka zauna, da rana tsaka, su uku har da Yaya. Ɗanliti shi ne oga. Kamilu makaniki ne da aiki ya ƙare masa. Ɗanliti ya ja layi biyu a ƙasa da sifana.

"Ga Tara, ga Biyu. Ranar kasuwa, bayan la'asar, 'yan hatsi suna komawa gida aljihu cike. Mu yi aiki a Tara. To daga nan fa? Gaba shinge, baya shinge."

Yaya ya karɓi sifanar, ya ja gajeren layi tsakaninsu.

"Akwai hanya a nan. Ba ta cikin taswira. Ba lamba, ba allo, ba ɗan sanda. Kafin su gama kiran juna a rediyonsu na oba-oba mun hau Biyu."

"Ka tabbata, direba?"

"A kanta na koyi tafiya. Ko akuya ba ta bin ta."

Kamilu ya ce, "Oga, amma ba harbi, ko? Haka muka yi da kai."

"Kai, ɗan tsoro! Ƙarfen na ado ne. Nuna shi kawai za mu yi."

Yaya ya ce, "Ni tuƙi ne nawa. Ba na sauka daga mota."

"Wa ya ce ka sauka, Alhaji? Kai dai ka riƙe mana sitiyari."

Abin da Yaya bai sani ba, bayan tafiyarsa tsohon titi ya zama wurin shanyarmu. A ƙauyenmu gona tana manne da gona, babu filin da ba shi da mai shi. Kwalta kuwa shimfiɗaɗɗiya ce, ba yashi, ba gara, ga ɗaukar zafi. Da kaka kowace mace tana da gurbinta a kai. A shekarar nan ta yunwa kuma ba mai barin shanya ita kaɗai. Ko fitsari za ki, sai kin bar wani a wurin.

Ranar ni da Inna muka baza 'yar dawar da gonarmu ta ba mu. Ita ke nan, babu wata a rumbu.

A can kan A9, Fijo ja da Yaya yake tuƙawa ta gitta a gaban wata bas ta 'yan kasuwa. Birki ya yi ƙara!

"Kowa ya sauko! Ƙasa! Fuska a ƙasa!"

Kamilu yana bi da buhu yana karɓar kuɗi. Wani dattijo ya riƙe lalitarsa.

"Ɗana, ka dubi Allah. Na abincin yara ne—"

"Baba, saki!"

Direban bas ɗin, Sama'ilu, ya ɗago kai. Ya ƙura wa Fijo ido.

"Kai! Iliyasu? Ba kai ne muka yi tasha tare—"

Tau!

Sama'ilu ya kife. Mata suka sa ihu. Ɗanliti ya faɗa gidan gaba, bindiga tana hayaƙi.

"Ja mu tafi!"

Yaya ya ce, "Ka kashe shi! Oga, ka ce ba harbi!"

"Ya san sunanka, shashasha. Kai na rufa wa asiri. Ja!"

Yaya ya ja. Kamilu ya ce tun daga nan hawaye kawai Yaya yake ta sharewa da kafaɗa. Suka bar babban titi, suka karya gabas.

Saja Ja'afaru ya iso da Landiroba ya tarar an rufe Sama'ilu da zani. Oba-oba tana ta magana: a tare A9 ta wajen Katsina, a tare ta wajen Kano. Wata mai tallan dafaffiyar gyaɗa ta matso.

"Yallaɓai, ba su yi gaba ba. Nan suka shiga."

Ta nuna bakin tsohon titi. Saja ya san yankin, matarsa 'yar Makoda ce. Ya dubi hanyar, ya juyo wajen mutanensa.

"Innalillahi. Yanzu kaka ce. Mata suna kan titin nan! Ku hau!"

Mu kuwa muna zaune. Rana ta yi sanyi, an fara shirin kwashewa. Furera maƙwabciyarmu tana tsokanar Inna.

"Hure, wannan dawar taki ko kaza ta gani sai ta yi miki jaje."

"Ke da barkonon naki fa? Shi za ku tuƙa tuwo da shi?"

Ana dariya muka ji ƙugin mota. Ba mu damu ba. Wani lokaci mai babur yakan biyo, ya rage gudu, ya raɓa ta gefe yana ba da haƙuri. Amma wannan ƙugin ƙaruwa yake yi.

Fijo ta fito daga kwanar tsamiya a guje.

Kamilu ya ce daga cikin mota titin ja da fari ne har iya ganinka. Barkono, wake, dawa. Da mata. Da yara. Dama da hagu kunyoyin gona ne da tarin kara, ba inda mota za ta bi.

"Me ye wannan? Direba, ka ce ko akuya ba ta bi!"

"Da ba haka take ba—"

"Danna hon! Za su watse!"

Fiii! Fiii!

Ba mu watse ba. Har yau ina tuna wannan. Ba wadda ta gudu. Kowace ta duƙa tana tattara shanyarta da hannu biyu, tana jan tabarma, tana turo hatsi cikin zani. Ni ma haka na yi. Inna kuma ta miƙe, ta tsaya a tsakiyar kwalta a gaban dawarmu, ta cire mayafi tana kaɗawa, yadda take yi wa masu babur.

"Sannu-sannu! Kai mai mota, abinci ne!"

"Bi ta kanta!"

"Oga—"

"Na ce taka ta! Ga Landiroba can a bayanmu!"

"Uwata ce."

"Ko uwar wa ce! Taka!"

Ƙiiii!

Motar ta ja taya, ta juya gefe, wake ya yi ta tsalle a ƙarƙashinta. Ta tsaya dab da Inna, har iskarta ta ɗaga mata zani. Na ga hannun direban ya fito ta taga ya wurga wani abu cikin tarin kara. Makulli ne.

Tau! Tau!

Ƙofar direba ta buɗe, aka turo mutum waje da ƙafa. Ya faɗo a kan dawarmu. Ɗanliti ya koma mazaunin direba yana laluben makulli, yana zagi. Bai samu ba. Ya fito da buhu ya yanki gona. Kamilu ya fito hannu sama, ya durƙusa yana kuka kamar yaro.

"Ɓarayi! Ɓarayi!"

A ƙasarmu ba inda mutum zai gudu. Kowace gona da mai ita a tsaye, da lauje ko fartanya. Ɗanliti ya harba sau ɗaya, daga nan bindigar ta ƙi tashi. Kafin ya tsallake gona ta uku sun rufe shi. Da ƙyar Saja ya ƙwace shi da rai.

Ni ban gane wanda ke kwance ba. Wani ramamme ne mai gemu. Inna ce ta tsuguna, ta juyo fuskarsa, ta daɗe tana kallo.

"Iliyasu?"

"Inna... ban san kuna nan ba."

"Yi shiru. Safara'u, kawo ruwa! Yayanki ne!"

Na kawo butar da muke sha. Ya dube ni.

"Wannan ce Safara'u? Ta girma." Ya yi tari. "Na ɓata muku dawa."

"Ƙyale dawa. Yi salati, ɗan nan. Yi salati."

Ya fara, Inna tana taya shi. Bai kai ƙarshe ba.

'Yan sanda suka ɗauke shi a bayan Landiroba. Inna ta riƙe ƙofar tana roƙo a bar mata shi ta yi masa wanka. Saja ya cire hula ya ce doka ba ta ba shi iko ba. Ba a dawo mana da gawar ba. Daga baya kotu ta yanke wa Ɗanliti da Kamilu hukuncin harbi. Sama'ilu ya bar mata da 'ya'ya ƙanana. Wasu a ƙauye suna cewa Yaya ya ceci mata da yara, wasu suna cewa shi ya kawo mana mutuwa har ƙofar gida. Duka biyun gaskiya ne. Inna ba ta ƙara taka tsohon titi ba har ta koma ga Allah.

Ranar dai ba wanda ya ci abinci a gidanmu, kuma dawar ta kwana a waje.

Da gari ya waye na ɗauki tsintsiya da ƙwarya biyu na tafi. Na tarar Furera zaune a bakin titi, ita ta kore mana awaki. Na tsuguna ina tsincewa. Mai kyau na zuba a ƙwarya ɗaya, don dole mu ci. Wadda jini ya jiƙa na zuba a ɗayar, na kankare har wadda ta manne da kwalta. Na kai ta ƙarshen gonarmu, na haƙa rami da fartanya, na naɗe ta a farin ɗankwalina, na sa a ciki ta fuskanci gabas. Na mayar da ƙasa, na karanta abin da na iya. Sannan na ɗauki ɗaya ƙwaryar na kai wa Inna.