Ɗakin da Murya Ba Ta Fita

Ranar Asabar, goma sha biyu ga watan Afrilu na shekarar 2025, aka fara zaluntar Mutari. Na rubuta ranar ne don kada gobe wani ya ce ya manta.

Da la'asar ɗin ranar, Balkissa na tsugune a tsakar gidansu a Gamkalley tana tsinkar zogale, mahaifiyarta Zinariya na kan tabarma tana fifita da faifai, sai suka ji tsayuwar mota a ƙofar gida. Alhaji Abdoulkarim ne, ƙanen marigayi mahaifin Balkissa, ma'aikaci a wani buro, wato ofis, a unguwar Plateau. Shi ne waliyyinta, shi kuma dangi suka ɗora wa binciken Mutari, yaron da ya kawo goron neman aurenta.

Ko sallamar kirki bai yi ba.

"Yaya, a mayar musu da goronsu!"

"Subhanallahi! Zauna mana ka sha ruwa, Alhaji."

"Ruwan me? Na ƙetare gada, na je Kirkissoye da kaina, na leƙa da idona. Wani ɗaki ne a bayan gida. Taga an toshe ta da katifa, bango duk an manne shi da kwalin ƙwai kamar makwancin mahaukaci. A wannan zafin, da kare ma ke neman inuwa, su kulle ƙofa su kashe fanka! Mai shayin bakin layin ya ce kullum haka suke fitowa, sharkaf da gumi, idanu jajur. Me ake ɓoyewa in ba ƙwaya ba?"

Balkissa ta ɗago. "Tonton, istidiyo ne fa, wurin ɗaukar waƙa. Kwalin don kada ƙara ta..."

"Rufe min baki! Istidiyo? To wannan ma istidiyo ce?"

Ya zaro salula ya miƙa musu. Bidiyo ne da ya ɗauka daga cikin motarsa. Wata mace siririya, cikin dogon hijabi mai ruwan toka, fuska a rufe, ta waiga dama ta waiga hagu, ta faɗa ɗakin da sauri. Mutari ya leƙo, shi ma ya duba layin, ya ja ƙofa ya rufe.

"Ban tafi ba sai da ta fito tana share fuska," in ji Alhaji. "Kuma an ce min duk Asabar take zuwa. Gani ya kori ji!"

Kwanon zogale ya kife daga hannun Balkissa. Kafin magariba Alhaji ya yi vokal, wato saƙon murya, mai tsawo, ya haɗa da bidiyon, ya jefa a gurup ɗin dangi: ƙwaya da mata, in ji shi, shi ne sana'ar wannan yaro. Bai tambayi Mutari komai ba. A lura da wannan: bai tambaye shi ko kalma ɗaya ba.

Wane ne Mutari? Da rana mai gyaran salula ne a wata rumfa kusa da gada. In ya tashi, shi ne Ɗan Gulbi, mawaƙin rap da ba shi da ubangida. Wani mai shirya waƙoƙi ya taɓa yi masa tayin istidiyo mai sanyi, da sharaɗin ya riƙa sa sunayen masu kuɗi a baitinsa. Mutari ya ce a kai kasuwa. Shi da amininsa Alu, mai haɗa masa kiɗa, suka bi masu sayar da ƙwai suna roƙon kwali, suka sayi tsohon mikro na ɗaukar murya, suka gyara ɗakin nan. Fankar da ake kashewa kuwa, don mikro na kwasar ƙararta ne. Waƙarsu ba ta shiga telebijin, daga salula zuwa salula take tafiya, har ka ji ƴan kabu-kabu na rerawa a bakin kasuwa, musamman in kuran, wato wutar lantarki, ya ɗauke:

"Kuran ya ɗauke, bakina bai ɗauke ba,
Gulbi ya janye, ƙishinmu bai janye ba."

A damanar da ta gabaci wannan lamari babbar mota ta buge Alu a kan babur, ya rasu nan take. Mutari ya ci gaba shi kaɗai.

Washegari Balkissa ta ce za ta gidan ƙawarta, ta tari taksi ta ƙetare gada. Ta same shi a rumfa, ya tasa wata salula a buɗe yana kallo ba ya taɓawa. Vokal ɗin ya riga ta isowa.

"Ɗan Gulbi manya," ta ce, tana murmushin da bai kai ido ba. "Ashe har baƙin Asabar gare ka?"

"Balki, zauna."

"Ba zama ya kawo ni ba. Maganar ƙwaya ban yarda ba, kai da ko lipton mai ƙarfi ke hana ka barci. Amma wace ce?"

Ya mai da ido kan salular da ke gabansa.

"Mawaƙiya ce? Sa min muryarta in ji, yanzu in koma in kare ka gaban kowa."

"Ba mawaƙiya ba ce."

"Ƴar'uwarka ce?"

"A'a."

"To wace ce, Mutari?"

"Na rantse da Allah ba zan faɗa ba. Ba abin kunyata ba ne, amana ce. Wallahi ko ke ce a matsayina..."

"Amana! Ni kuma fa? Ni ba amana ba ce? Mace ta shiga ɗakin da ko ihu ta yi ba mai ji, ka duba layi ka rufe ƙofa, sannan ka ce in yi haƙuri?"

"Abin da zan ce ke nan, Balki. Ki yi haƙuri."

Ta juya tana kuka. Shi ma bai ƙara taɓa aiki ba a ranar.

Magana zarar bunu ce. Daga gurup ɗin dangi vokal ya shiga na ƴan unguwa, daga nan na ƴan lekol, ɗaliban makaranta, har wani ya ɗora masa kiɗa. Aka mayar da goro. Konser ɗin, wato wasan waƙa, da Mutari ya daɗe yana shiryawa a wani gidan matasa, aka kira shi aka ce a dakata tukuna. Mai gidan da ɗakin yake ya ce ya kwashe kwalayensa kafin damana. Iyaye mata suka daina aiko da salularsu gyara. A fada, wurin shan shayi, abokansa suka taso shi gaba.

"Kai mawaƙi ne ko liman? Yi masa kilash, ka zage shi a waƙa, mon frere! Baiti huɗu kawai, tsohon nan ba zai ƙara fita Plateau ba sai da gilashi baƙi!"

"Baffan Balki ne," in ji Mutari. "Bakin da zan zage shi da shi, da shi zan gaishe shi gobe in Allah ya yi."

"To faɗi wace ce matar mana, ka huta!"

Sai ya ɗauki kofinsa ya koma gefe. Har su ma suka fara kallonsa a kaikaice.

Balkissa kuwa ta rame. Ba ta kiran Mutari, ba ta kuma goge lambarsa ba. Alhaji ya fara zancen wani abokin aikinsa mai neman mata, ta ce, "Tonton, a bar ni tukuna, zuciyata ba ta gama shari'a ba." Bidiyon nan ta kalle shi har ta haddace. Wata rana ta ga kamar tafiyar ƙawarta Nafissa ce, ta yi sati ba ta amsa gaisuwarta. Wata rana ta zargi mai sayar da yawur ta kusa da rumfarsa. Duk macen da ta gifta da hijabi mai ruwan toka sai ta bi ta da kallo. Haka zato yake, in ya shiga gida ba ya zama a ɗaki ɗaya.

Ranar wata Juma'a, bayan ruwan farko ya sauka, Zinariya ta aike ta sayen salati a bakin lambu, wurin Inna Kadi. Inna Kadi ita ce mahaifiyar marigayi Alu, kuma shi ne ɗanta na fari. Kowa ya san ta da alkunya irin ta mutanen da. Tun da ta haife shi ba a taɓa jin sunansa a bakinta ba, sai dai "yaron nan" ko "wancan". Ba ta taɓa yi masa wasa a gaban mutane ba. Ranar da aka kawo gawarsa tana zaune ƙyam, ko ɗigon hawaye, har mata na cewa, "Kai, Kadi dutse ce!" Ba ta da babbar salula, ba ta san wani gurup ba.

"Ƴar nan, kin zube haka?" ta ce tana yayyafa wa salati ruwa. "Ina maganar bikinku da abokin yaron nan? Ya ce min kada in ƙara..." Sai ta katse. "Na ce, yaushe ne bikin?"

"An fasa, Inna."

"An fasa? A kan me?"

Balkissa ta miƙa mata salula. Inna Kadi ta kalli bidiyon, ta saurari vokal ɗin Alhaji har ƙarshe. Ga masu saye a tsaye, amma ta ja buhu ta rufe kayanta.

"Baffan naki yana gidanku yau?"

"Can yake cin abinci in an sauko Juma'a."

"Wuce mu je."

Sun tarar da Alhaji a kan kujera da kwanon dambu a gabansa, ga Zinariya, ga maƙwabta mata biyu. Inna Kadi ta yi sallama, ta ƙi tabarmar da aka shimfiɗa mata.

"Alhaji, matar da ka ɗauka a salularka, ga ta gabanka."

Ya yi dariya. "Haba Inna, wancan yarinya ce."

"Hijabin yana cikin ɗakina, a aika a ɗauko. Rama ce ta mai da ni yarinya." Ta juya wajen Zinariya. "Ke uwa ce, ke za ki gane. Yaron nan ya tafi ban taɓa kiran sunansa ba. Ina jin ana cewa ni dutse ce. Gidanmu haya ne, ko tari ka yi maƙwabci ya ji. Ina zan kai kukana? Sai abokinsa ya zo gaishe ni, ya ce akwai muryarsa a cikin injinsu. Na ce, ɗakin naku da gaske murya ba ta fita? Ya ce ba ta fita. Na sa shi ya rantse da Allah ba zai gaya wa kowa ba. In na je, ya sa min abin ji a kunne, ya juya min baya ya toshe nasa kunnuwan. In ji yaron nan yana dariya, yana cewa a sake daga farko. Ni kuma in kira shi. In yi ta kiransa har muryata ta dushe."

Inna Kadi ta dubi Alhaji, ta ci gaba.

"Abin da na ɓoye shekara ashirin da bakwai, yau zan faɗe shi a gabanku, tunda shirun nawa ya zama wuƙa a wuyan ɗan mutane." Ta ja numfashi. "Alu. Sunansa Alu. Alu ɗana!"

Ta durƙushe. Zinariya ta rungume ta, maƙwabtan suka rufe fuska da mayafi. Balkissa ta fita da gudu ba ko takalmi, tana neman lambar da ta ƙi gogewa.

"Mutari... ka yafe min. Na zargi har mai yawur!"

"Mai yawur? Haba Balki, ai ta girmi Innata!" Yana faɗa yana dariya.

Alhaji Abdoulkarim fa? Ya wanke hannu, ya gyara hula, ya ce, "To, ai bincike ne. Kowa na iya kuskure." Ya shiga mota. Iyakar abin da ya faɗa ke nan, daga ranar har yau.

An mayar da goro, an ɗaura aure bayan damana. Mai gida ya bar wa Mutari ɗakinsa. Waƙar da ya fitar da muryar Alu a ciki, da izinin Inna Kadi, yanzu ko'ina ka bi a ƙetaren gada ita ke tashi. Inna Kadi na zuwa duk Asabar, fuska a buɗe, Balkissa ce ke kai mata ruwan sanyi. Ƴaƴana matasa, ku riƙe wannan: mai riƙon amana ko ya sha wuya ba ya taɓewa, mahaƙurci mawadaci ne, zato kuma zunubi ne ko da ya zama gaskiya, balle ya zama ƙarya.

Amma ni ban gamsu ba. Vokal ɗin yana nan yana yawo. Gidan matasan nan har yau ba su sake kiran Mutari ba. Akwai garuruwan da ƙaryar ta isa, gaskiyar ba ta isa ba. Shi kuwa wanda ya ƙulla ta, shi ya zauna a sahun gaba ranar ɗaurin aure yana karɓar barka.

Mu malamai mun sani, a aji, yaron da ya yi kuskure a kan allo gaban kowa, ba a bayan ɗaki yake gyarawa ba. A kan allon yake gogewa, da hannunsa, kowa na kallo. Alhaji Abdoulkarim, gurup ɗin da ka jefa vokal yana nan. Ka ɗauki salularka, ka ambaci sunan Mutari kamar yadda ka ambace shi a ranar, ka ce ka yi masa ƙazafi, ka nemi gafararsa, ka roƙi duk wanda ya tura na farko ya tura na biyu. Sannan ka taka da ƙafarka zuwa bakin lambu, a gaban masu sayen salati, ka durƙusa wa Inna Kadi. Tsohuwa ta iya buɗe baki ta faɗi sunan da ya fi ƙarfin harshenta. Kai kalma biyu kawai ake nema a wurinka: ku yafe.